Yadda Ake Zama Manajan Shirya Fim, da Yadda Ake Riƙe Aikin

Manajan shiri, wanda 'yan fim a Kano suka fi sani da firodakshin manaja, shi ne mutumin da furodusa yake damƙa wa kuɗin aiki da kwanakin aiki, ya ce masa ya tabbatar an ɗauki duk abin da aka rubuta kafin ɗayansu ya ƙare. Furodusa ne yake nemo jari kuma shi ne mai fim, darakta yana da iko a kan abin da kyamara za ta gani da yadda jarumai za su yi wasa, amma motar da za ta kwaso ma'aikata da sassafe, da gidan da za a shiga, da man janareta, da abincin rana, da sallamar kowa da yamma, duk a wuyan manaja suke. A manyan kamfanonin ƙasashen waje akan raba wannan nauyi tsakanin mutane da dama, har da akawu da mai neman wuraren ɗauka, amma a Kannywood sau da yawa mutum ɗaya ne yake ɗauke da rabin waɗannan ayyuka, saboda haka wanda zai shiga sana'ar a nan dole ya san kowanne daga cikinsu.

Bukatar irin wannan ma'aikaci ta ƙaru ƙwarai a 'yan shekarun nan. A zamanin kaset da faifan CD, lokacin da 'yan kasuwar Ƙofar Wambai suke riƙe da cinikin fim, ana iya haɗa jama'a a ɗauki labari cikin kwanaki kaɗan, kowa ya kama gabansa. Bayan kasuwar faifai ta durƙushe, tashar Arewa24 ta buɗe a 2014, sannan YouTube ya zama babbar kasuwa, sai aiki ya koma shirye-shirye masu dogon zango waɗanda ake sakin kashi ɗaya kowane mako. Shirin da masu kallo suke jira a rana da sa'a sananniya ba ya yiwuwa sai da wanda ya iya lissafin kwanaki da kuɗi tun kafin a kunna kyamara.

Ƙofar shiga

Ba a fara wannan aiki daga sama. Mataki na farko shi ne ka sami wurin zama a lokeshin, wato wurin ɗaukar fim, ko da a matsayin ɗan aike ne, ko mai taimaka wa mai kula da abinci, ko mai riƙe wa mai kwantiniti littafi. Wannan na ƙarshe ya fi kowanne amfani ga mai son zama manaja, domin mai kwantiniti ne yake rubuta wace riga jarumi ya sa a wace fitowa, da hannun da ya riƙe waya, da adadin ɗaukar da aka yi, kuma wanda ya zauna kusa da shi zai gane da wuri abin da yake cinye lokaci a wurin aiki. Ofisoshin kamfanonin fim da yawa suna Titin Gidan Zoo a Kano, akwai kuma masu aiki a Kaduna da Jos, kuma hanyar da aka saba ita ce wani da ya san halinka ya gabatar da kai.

Karatu yana taimakawa, ko da yake ba ya maye gurbin zaman lokeshin. A Jos akwai Cibiyar Koyar da Fim ta Ƙasa, wadda take ƙarƙashin Hukumar Fina-finai ta Najeriya da aka kafa a 1979, akwai kuma kwalejin talabijin ta NTA a garin. Jami'ar Bayero ta Kano da Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya suna da sassan wasan kwaikwayo da na aikin jarida. Ko ka je waɗannan wurare ko ba ka je ba, ka koyi amfani da Excel ko Google Sheets har hannunka ya faɗa, ka iya rubuta wasiƙar neman izini da Hausa da Turanci, kuma idan da hali ka koyi tuƙi. Daga nan sai ka yi rajista da ƙungiyar masu shirya fim ta MOPPAN, idan kuma a Kano za ka yi aiki ka nemi sanin ƙa'idojin Hukumar Tace Fina-finai ta jihar, wadda aka kafa a 2001, domin ita take rajistar masu sana'ar kuma ita take duba fim kafin ya fita.

Warware labari

Ranar da aka miƙo maka rubutaccen labari, ka karanta shi sau ɗaya don ka san inda ya dosa, sannan ka sake karanta shi da biro a hannu. A karatu na biyu ba labari kake bi ba, kana neman duk abin da za a saya, ko a ara, ko a yi haya, ko a kira. Ka ba kowace fitowa lamba, ka rubuta a gabanta ko a cikin ɗaki take ko a waje, da rana ko da dare, a wane wuri, su wa za su yi magana, mutum nawa za su cika wuri, da wace sutura, da wane kaya. Idan marubuci ya tsara rubutunsa bisa ƙa'idar rubutun fim, shafi ɗaya yakan ba da kusan minti ɗaya a allo, kuma masu sana'ar sukan raba shafi gida takwas don su auna tsawon kowace fitowa. Rubuce-rubucen da ke yawo a hannun mutanenmu ba duka suke bin wannan tsari ba, saboda haka abin da ya fi tabbas shi ne ka sa mutum biyu su karanta maganganun da ƙarfi kana duba agogo.

A ce marubuci ya rubuta layi ɗaya kawai: “Gidan Alhaji, dare, ana kamun amarya.” Ga mai karatu wannan jimla ce gajeriya, amma a takardarka za ta zama gida mai fili wanda masu shi suka yarda a cika shi da mata har dare, da mata ashirin ko talatin waɗanda kowacce za ta zo da kwalliyarta kuma za a ba ta abinci da kuɗin mota, da kujeru da rumfa, da fitilu masu yawa da janaretan da zai iya ɗaukar su, da mai kwalliya da mataimakiyarta, da motar da za ta mayar da kowa gida. Akwai kuma abin da sabon shiga ba ya lura da shi, wato lallen amarya. Lalle na gaske yakan ɗauki mako biyu ko fiye kafin ya goge, to idan aka ƙunsa wa jaruma shi a rana ta uku, duk fitowar da take budurwa a gidan iyayenta dole a ce an gama ɗaukar ta kafin ranar, in ba haka ba masu kallo za su ga yarinya da ƙunshin aure tana tafiya makaranta. Haka abin yake ga jarumin da labari ya ce ya tara gemu a gidan yari sannan ya fito ya yi aski, da motar da za ta yi haɗari, da ɗakin da za a kwashe kayansa bayan saki. Irin waɗannan abubuwa da ba a iya mayar da su yadda suke ka ja musu layi da jan biro, domin su ne za su fara tsara maka jadawali.

Idan ka gama, ka zauna da darakta ku bi takardar fitowa bayan fitowa. A nan ne za ka ji cewa yana son ɗaukar wata fitowa daga sama, ko yana son ruwan sama, ko yana ganin taron mutum ɗari a inda kai ka rubuta ashirin. Gara ku yi wannan gardama a ofis, inda ba ta cin ko sisi.

Jadawali

Ba a ɗaukar fim bisa jerin labarinsa. Ana tara duk fitowar da take wuri ɗaya a ɗauke ta a jere, saboda kwashe kaya daga unguwa zuwa unguwa a cikin cunkoson Kano yana iya cinye rabin yini, kuma kowane yini da aka fita kuɗin kyamara da fitilu da abinci da mai yana tafiya ko an yi aiki ko ba a yi ba. Bayan wuri, sai ka duba jarumai. Fitattun jarumai sukan karɓi ayyuka da yawa a wata ɗaya, don haka ka nemi kwanakinsu a rubuce, ka tattara fitowarsu a cikin waɗannan kwanaki, sannan ka zana tebur mai sunayen jarumai a gefe da kwanaki a sama, ka sa alama a ranar da kowa zai yi aiki. Da kallo ɗaya za ka ga wanda ka kira ranar Litinin sannan ka bar shi zaune a masauki har Alhamis kana biyan ɗaki a banza.

Sauran abin da zai gyara jadawalin sanin ƙasa ne. Daga Yuni zuwa Satumba damina ce, kuma ruwan Agusta ba ya sallama, saboda haka duk ranar da ka sa aikin waje ka tanadi fitowar cikin ɗaki a kusa wadda za a koma kanta idan hadari ya haɗo. A lokacin hunturu hazo yana canza launin sama daga yini zuwa yini, abin da zai sa fitowa biyu da ya kamata su zama na rana ɗaya su ƙi haɗuwa a wurin edita. A watannin Maris zuwa Mayu kada ka sa mutane tsayuwar waje da tsakar rana, ka kai aikin waje safiya da bayan la'asar. Ranar Juma'a ka ɗauke ta a matsayin rabin yini, ka cire lokutan salla daga lissafinka tun a takarda, kuma idan aiki ya faɗo cikin azumi ka rage yawan shafukan da kake sa ran ɗauka. Fitowar yara a yi ta da wuri a sallame su. Ranar farko kuma ka sa mata aiki mai sauƙi, domin ma'aikata suna bukatar su saba da juna kafin a kai ga fitowar kuka ko ta taro.

Kuskuren da aka fi yi a nan shi ne cusa fitowa masu yawa a yini ɗaya don a faranta wa furodusa rai da gajeren jadawali. A ganina gara ka faɗa masa gaskiyar kwanakin ya ɓata rai tun yanzu, da ka kai shi rana ta ƙarshe da sauran kashi ɗaya cikin huɗu na labari ba a taɓa ba, jaruma kuma ta wuce wani aikin.

Kasafi

Daga jadawali kasafi yake fitowa, domin sai ka san kwanaki kafin ka san kuɗi. Ka ware kason marubuci da darakta da manyan jarumai daban, sannan ka jera kuɗin ma'aikata, hayar kyamara da fitilu da na'urar sauti, wuraren ɗauka, sutura da kwalliya, sufuri, masauki, abinci da ruwa, man janareta, ma'ajiyar hotuna, aikin edita, kiɗa, da kuɗin tacewa. Kada ka rubuta farashi daga ka ko daga kasafin bara. Tun da aka cire tallafin man fetur a watan Mayun 2023 farashin sufuri da abinci ba ya zama wuri ɗaya, saboda haka ka kira kowane mai haya ka ji ta bakinsa a makon da kake rubutu. A ƙasan lissafin ka ƙara kashi 10 cikin 100 na ko-ta-kwana, kuma ka bayyana wa furodusa cewa wannan kuɗi ba rara ba ne da za a ƙara wa wani jarumi.

Kowace yarjejeniya a rubuta ta, ko da rabin shafi ne: suna, aiki, kwanaki, adadin kuɗi, nawa za a bayar kafin a fara, nawa bayan an gama, da sa hannu. Mutanenmu sukan ji nauyin miƙa wa abokin aiki takarda, suna ganin kamar rashin yarda ne, amma yawancin rigimar da ke tashi bayan aiki daga maganar baka take tashi, inda kowa ya tuna adadin da ya fi yi masa daɗi. Marubuci da mawaƙi su ma a rubuta a fili wane haƙƙi suka sayar, domin a YouTube ƙorafin haƙƙin mallaka a kan waƙa guda yana iya tsayar da kuɗin shiga na kashi sukutum.

Kuɗin aiki kada ya taɓa shiga asusunka na kanka ya gauraya da naka. Ka nemi a buɗe masa asusu dabam, ka yi yawancin biya ta banki don ya bar shaida, ka riƙe tsabar kuɗi kaɗan don ƙananan sayayya, kuma duk wanda ka ba ko kuɗin ruwan leda ne ya sa hannu a littafi.

Wuri da izini

Kada ka amince da wuri saboda hoton da aka turo maka a waya. Ka je da kanka tare da darakta da mai ɗaukar hoto da mai sauti, kuma ku je a daidai sa'ar da za a yi ɗaukar. Ku tsaya shiru na ɗan lokaci ku saurara, domin gidan da ya yi kyau a ido yana iya kasancewa bango ɗaya da injin niƙa, ko makarantar Islamiyya da ke tashi da la'asar, ko titin da 'yan Adaidaita Sahu suke bi. Ka duba inda za a ajiye janareta nesa da makirufo da tsawon wayar da za ta kai, da inda motoci za su tsaya, da banɗaki, da ɗakin da mata za su canza kaya.

Da mai gida ku yi magana a fili: mutum nawa za su shigo, ƙarfe nawa za a fara, ƙarfe nawa za a tashi, waɗanne ɗakuna ne ba a shiga, kuma wa zai biya idan an fasa wani abu. Ka ɗauki hoton kowane ɗaki kafin a taɓa komai, don a mayar da shi yadda aka same shi. Daga nan ka je ka gaida mai unguwa, a ƙauye kuma dagaci, ka gaya masa abin da ya kawo ku, domin idan yara suka cika wuri ko wani ya zo da ƙorafi, kalmarsa ɗaya ta fi taka goma. Idan akwai fitowar da za a sa kayan 'yan sanda, ko a riƙe bindigar wasa, ko a yi faɗa a titi, ka kai wasiƙa ofishin 'yan sanda na yankin kafin ranar, ka riƙe kwafin da aka buga wa hatimi. Jirgin ɗaukar hoto mara matuƙi yana da nasa izinin daga hukumar kula da sufurin jiragen sama, don haka ka tambayi mai shi takardunsa. Batun tacewa kuma kada a bar shi sai ƙarshe: a 2025 hukumar tacewa ta Kano ta dakatar da shirye-shirye masu dogon zango da dama a kan rashin kai su a duba kafin a sake su, saboda haka kwanakin tacewa su shiga jadawalin kowane kashi. Fim ɗin da za a rarraba a faɗin ƙasa yana bukatar amincewar hukumar tacewa ta tarayya, wadda aka kafa a 1993.

Ranar ɗauka

Kowane dare, kafin mutane su kwanta, ka tura takardar aikin gobe a zauren WhatsApp na ma'aikata. A cikinta za a ga wurin haɗuwa da kwatancensa, lokacin da kowane mutum zai iso, lambobin fitowar da za a ɗauka bisa jeri, suturar da kowa zai zo da ita, lokacin abinci, da asibiti mafi kusa. Kada ka kira kowa a lokaci ɗaya. Masu fitilu da mai kwalliya su riga jarumai, jarumin da ba a bukata sai azahar kuma kada a zaunar da shi tun ƙarfe bakwai. Manyan jarumai da dattawan masana'anta ka kira su a waya bayan ka tura saƙon, domin girmamawa ce kuma ita ce hanyar da za ka ji tun da dare idan akwai uzuri.

Da safe kai ne farkon zuwa. Yayin da ake ɗaukar fitowa ta farko, hankalinka ya kasance a kan ta uku: ko gidan a buɗe yake, ko motar da aka ara ta iso, ko mai abinci ta ɗora tukunya. Abinci ya zo a kan lokaci, domin ma'aikacin da ya ɗauki fitila tun safe ba zai saurari uzurinka da ƙarfe huɗu ba. Idan aka makara, ka ja darakta gefe ka gaya masa a hankali cewa saura sa'a biyu rana ta faɗi kuma akwai fitowar waje guda biyu, ka bar shi ya zaɓi wadda za a ɗaga. Ba a yi wa darakta gyara a gaban jarumai.

Lafiyar mutane ma aikinka ce. A rufe mahaɗar wayoyin wuta, kada a zuba wa janareta mai yana kunne, a ajiye akwatin taimakon gaggawa a mota, kada kuma a sa direban da ya kwana a wurin aiki ya kama doguwar hanya da dare. Mata ma'aikata da jarumai a ba su masauki nasu dabam, a kuma tabbatar kowacce ta isa gida idan an tashi a makare.

Kafin ka kwanta akwai abu biyu. Na farko, a kwafe duk abin da aka ɗauka a ma'ajiya biyu aƙalla, a buɗe a tabbatar yana wasa kafin a goge katin kyamara, kuma ma'ajiyoyin kada su kwana a jaka ɗaya. Na biyu, ka rubuta wa furodusa rahoton yini: fitowar da aka gama, wadda ta rage, abin da aka kashe, da abin da ya saura a hannu. Furodusan da yake samun wannan rahoto kullum ba ya firgita idan ka zo masa da bukatar ƙarin yini.

Bayan an tashi

Idan aka ɗauki fitowa ta ƙarshe, jarumai sun gama, kai kuwa da sauranka. Ka mayar da kayan haya ka karɓi shaidar cewa sun koma lafiya, ka zaga gidajen da aka yi aiki ka yi godiya ka biya abin da aka lalata, ka cika wa kowa ragowar kuɗinsa, ka miƙa wa edita ma'ajiya tare da littafin kwantiniti. Idan shirin na talabijin ne, ka karɓi ƙa'idojin tashar a rubuce, wato tsawon kowane kashi, wuraren da za a tsaya don talla, da ranar miƙawa, domin tasha ba ta ɗaga lokacin shirinta saboda edita bai gama ba.

Daga ƙarshe ka haɗa fayil guda mai ɗauke da kasafin farko, da abin da aka kashe a zahiri, da rasiɗai, da yarjejeniyoyi, da takardun izini, ka kai wa furodusa tare da canjin da ya rage ko nawa ne. Ka ajiye kwafi a wurinka, ka kuma rubuta a littafinka lambobin masu gidaje da direbobi da masu haya da suka cika alkawari. Da wannan fayil za ka nemi aiki na gaba, kuma bayan ayyuka da dama shi ne zai nuna wa mai jari cewa za a iya ba ka shiri mai dogon zango gaba ɗaya, ko a ɗaga ka zuwa furodusa mai kula da aiki.